Marka a Tsakiyar Bazara

Sunan 'yata Marka, kuma ni na sa mata shi da bakina. Har yau idan na faɗa a gaban baƙi sai wata ta ce, "Allah sarki, sunan mutanen da," da irin muryar da ake yi wa mutum jaje. Ni kuwa ba jajen kowa nake nema ba. Na yi faɗa a kan sunan nan da dangin miji, na yi da dangin uba, kuma da za a mayar da ni baya da haka zan sake yi, sai dai ma in ƙara ɗaga murya.

Yaran yanzu da yawa ba su san marka ba, su dai a wurinsu ana ruwa ne kawai. Marka ita ce tsakiyar damina, lokacin da hadari yake zama ya ƙi tashi, ruwa ya yi ta zuba a hankali, ba tsawa ba iska, a wuni a kwana a sake wuni. Wanki ba ya bushewa, itace ba ya kamawa, katangar ƙasa ta jiƙe har ta zube, ga rumbu ya kusa ƙarewa. Mata ba sa ƙaunarta ko kaɗan. Amma ka tambayi kowane manomi a garinmu Durba, zai gaya maka ita ce take cika gero. Ruwan farko mai iska da rugugi shi ake yi wa murna, shi yara suke fita su yi wa tsalle, amma hatsin da za a ci a shekara marka ce take yin sa. Yarinyar da aka haifa a cikin irin wannan ruwa, mutanen da sukan ce mata Marka.

A cikinsa aka haifi mahaifiyata. Kakata ta sha ba mu labari cewa ranar babu busasshen itace ko ɗaya a gidan, sai gadon kara aka karya aka dafa ruwan wanka da shi. An yanka rago, an raɗa mata sunan yanka irin na littafi kamar kowace 'yar Musulmi, amma sunan bai bi ta ba. Ta tashi Marka, ta yi aure Marka, ta tsufa Marka. Daddawa take yi, kuma ta iya. Tun daga Kibiya har kasuwar Rano, mace idan tana son miyarta ta yi suna sai ta ce a nemo mata daddawar Marka. Halinta ma ya bi sunan. Ban taɓa jin ta daka wa wani tsawa ba, amma abin da ta sa a gaba za ta yi ta binsa a hankali har sai ya yiwu. Ni dai ban gado ta a nan ba, zafin kaina na dangin uba ne.

Gari duk yana faɗin sunan nan, gidanmu ne kaɗai ba a faɗa. Mu 'ya'ya Inna muke cewa, kuma ko lokacin ruwan ya zo ba ma kiransa da sunansa, sai mu ce ruwan nan ya zauna. Baba kuwa auren saurayi da budurwa suka yi, irin wanda miji ba ya kama sunan matarsa har abada. Idan ya shigo sai ya yi gyaran murya ya ce, "Kina ciki?" Idan zai yi zancenta a waje sai ya ce mai ɗakina. Mai sayen daddawa yakan tsaya a zaure a gabansa ya ce a yi masa magana da Marka, Baba ya sunkuyar da kai kamar bai ji ba, ya tura ɗayanmu. A haka muka tashi, ba mu ga abin mamaki a ciki ba.

Shekarar da aka ƙaddamar da shari'a a Kano, bayan kaka, zazzaɓi ya kwantar da Inna, kafin mu farga ta tafi. Lokacin ina aure a Rano, ina da 'ya'ya maza biyu da ƙaramin ciki. Muna zaman makoki a tsakar gida, sai muryar liman ta tsallako katanga daga zaure, yana roƙon Allah ya jiƙan wance, ya faɗi sunan yankanta. Wallahi sai da na ɗan tsaya ina tunanin wa kuma ya rasu. Matan da suka saba sayen daddawa su ne suka yi ta shigowa suna cewa Allah ya jiƙan Marka, kuma duk wadda ta faɗa sai in ji kamar Inna za ta amsa daga madafa. Da aka yi sadakar arba'in aka watse, sai sunan ya ɗauke. Babu daddawa, babu mai sallama a zaure, mu kuma 'yan gida da ma ba ma faɗa. Na koma Rano da baƙin ciki biyu, na rashin uwa da na ganin sunanta yana bin ta kabari muna kallo.

A shekarun nan abubuwa da yawa sun canza, kuma ba zan yi ƙarya ba, da yawansu na yi murna da su. Ni ma na shiga Islamiyyar matan aure da yamma, na gyara karatun sallata, na ɗinka hijabi har ƙasa. Sai dai tare da gyaran wani abu ya shigo, wato jin kunyar duk abin da iyayenmu suka bari. Kowace jaririya sai an nemo mata suna mai santsi wanda kakarta za ta yi ta karya harshe kafin ta faɗa. Su Tasalla da Azumi da Delu suka zama abin tsokana. Na san wata a ajinmu da ta girme ni, rana ɗaya ta ce kada wanda ya ƙara ce mata Talatu, alhali kuwa ranar Talatar aka haife ta, ba Talatar ce ta yi mata laifi ba.

Na haihu a tsakiyar bazara, ana zafin da kaji suke buɗe baki suna haki a gindin randa. Mace ce. Mijina tela ne, mutum mai sanyin hali da ba ya son hayaniya. Ya shigo ya duba jaririya ya ce, "Na yi wa Innarki takwara." Na ji daɗi har na yi hawaye, amma na san abin da zai biyo baya. Idan aka sa wa yarinya sunan kakarta, iyaye ba za su iya kira ba, sai a nemo mata wani na alkunya a lulluɓe wancan da shi. Ke nan za a ɗauko sunan da Inna ba ta taɓa amsawa ba, a rufe shi da wani da ba ta taɓa ji ba, a ce an tuna da ita.

Mai zaɓen sunan alkunyar kuwa yayar mijina ce, Hajiya. A birnin Kano take aure, ita ta riƙe shi bayan rasuwar mahaifiyarsu, saboda haka maganarta a gidanmu yankan wuƙa ce. Daga ɓangarena kuma Gwaggo ce ta zo, ƙanwar Baba, don ta yi mini wankan jego tunda babu Inna.

Ranar suna da safe maza suka taru a ƙofar gida, aka raɗa suna, aka raba goro da dabino, aka yanka rago. Da rana ta take mata suka cika tsakar gida, kowa na fifita da gefen mayafi, ana zagayawa da zoɓo da kunun zaƙi. Ina ɗaki a zaune ina jin su. Hajiya ta karɓi jaririya daga hannun unguwarzoma, ta ɗaga ta yadda kowa zai gani, ta ce, "To jama'a, tunda sunan kakarta ta ci, Walida za a riƙa ce mata." Aka ɗauki guɗa. Ban san lokacin da na miƙe ba. Na gyara ɗaurin zanena, na tsaya a bakin ƙofa, na ce, "Sunanta Marka."

Tun da uwata ta haife ni ban taɓa furta kalmar nan ba sai ranar. Na ji ta a bakina da nauyi. Gwaggo tana rabon kunu, ludayin ya suɓuce mata ya faɗa cikin ƙwarya.

"La'ilaha illallahu!" in ji ta. "'Yar nan, da bakinki? Uwar taki ko shekara ba ta yi a ƙasa ba, har kin iya kama sunanta gatsal a gaban mutane?"

Na ce, "Gwaggo, ba Inna na kira ba, 'yata na kira."

"Rufe mini baki! A ina kika taɓa jin an gaji laƙabi? Sunan yanka ake mayarwa. Ita uwarki a cikin ruwa ta faɗo shi ya sa aka ce mata haka. Wannan fa? Dubi sama, ko gajimare ɗaya kin gani?"

Wata tsohuwa maƙwabciyarmu ta sa baki tana dariya, ta ce in ma sunan da ake so ai yarinyar Kande ce, tunda maza biyu ta biyo. Aka ɗan yi dariya, amma Hajiya ba ta yi ba. Ta miƙa jaririyar ga ta kusa da ita, ta gyara zaman gilashinta, ta dube ni sama da ƙasa.

"Ke yanzu ana ta gyara al'amura, kan mage ya waye, ke kuma za ki mayar da mu jahiliyya? Wannan ai sunan ƙauye ne. Gobe ta shiga makaranta a yi ta yi mata dariya, ki ce me? Jininmu ce, ba za a ɓata mata suna ba."

Zafin wankan safe bai gama fita daga jikina ba, ga zafin gari, ga wannan. Na ce, "Hajiya, da sunan nan uwata ta yi sallah har goshinta ya yi baƙi, da shi ta yi azumi, da shi ta ciyar da mu. Ruwan sama kuma Allah ne yake saukar da shi, ban san jahiliyyar da ke cikinsa ba. Ƙauye kuwa, can ƙanenki ya je ya auro ni, bai ce ina warin ƙauye ba."

Ta ce, "Au, haka ne?" Na ce haka ne. Ta ɗauki jakarta ta koma ɗakin baƙi, ko naman suna ba ta taɓa ba. Mata suka yi ta ƙus-ƙus, wasu na cewa zafin jego ne ya taɓa ni, zai wuce. Ni dai na karɓi 'yata na koma ɗaki na ba ta nono.

Washegari da safe mijina ya zauna a bakin gado yana murza hula. Ya ce, "Ki bar wa Yaya wannan, don Allah. Suna ne fa kawai." Na ce, "Malam, kai ka raɗa naka, na karɓa da hannu biyu. Yaya ta sa nata, ban hana ta kira ba. Ni ma a bar ni da bakina." Da ya rasa yadda zai yi sai ya kai maganar gaban limamin masallacinsu. Liman ya ce suna in dai ma'anarsa ba ta da muni babu laifi, amma a kiyaye zumunci. Ni na ɗauki rabin farko na riƙe, Hajiya ta ɗauki rabin ƙarshe, kowa ta ce liman ya goyi bayanta.

Gwaggo kuwa a wurin wanka ta rama. Da ma ruwan jego tafasasshe ne, amma daga ranar sai da ta ƙara masa itace. Ta tsoma ganyen darbejiya ta fyaɗa mini a gadon baya, tana fyaɗawa tana cewa, "Marar kunya. Fitsararriya. Bari mu je gida, sai na gaya wa ubanki." Na cije haƙori, don a nan ta kama ni. Hajiya ba ta ba ni tsoro, surutun mata ma ko a jikina, an tsikari kakkausa. Baba ne kaɗai nake tsoro. Na riga na yanke wa kaina cewa idan ya buɗe baki ya ce in bari, zan bari, ko da kuwa zan yi ta kuka har in mutu. Matarsa ce kafin ta zama uwata.

Da na yi arba'in muka tafi Durba yawon gaishe-gaishe. Na tarar da Baba a zaure a kan buzu, ya rame, gemunsa ya ƙara fari. Na durƙusa na gaishe shi na miƙa masa jaririya. Ya karɓa ya yi mata addu'a ya tofa, ya ce, "Allah ya raya mini amarya." Wasan kaka da jika ke nan, jika mace matar kakanta ce. Gwaggo ba ta ko bari na sha ruwa ba, ta zauna ta zayyana masa komai, har da abin da ban faɗa ba. Da ta zo wurin sunan sai ta ce, "Sunan mai ɗakinka, Yaya, wanda gari yake kiranta da shi. Shi take kwaɗa wa 'yar nan safe da yamma."

Na sunkuyar da kai ina jira. Baba ya daɗe yana kallon fuskar jaririyar, yana jan carbi da ɗaya hannun. Can ya miƙo mini ita ya ce, "Ku shiga ciki, rana ta yi zafi." Iyakar abin da ya ce ke nan. Gwaggo ta ce shirun nan fushi ne, duk mai hankali ya gane. Ni na ce ai bai hana ba. Amma a cikin raina ban sani ba, kuma rashin sanin ya daɗe yana cina. Ban sani ba ko duk lokacin da na kira yarinyar nan ina fama masa ciwo ne. Shi ya sa a gabansa kaɗai harshena yake nauyi, sai in ce mata "zo nan" ko "ke".

A Rano kuwa ban saurara ba. Ina yi mata wanka ina kira, ina goya ta ina kira, ina tankaɗe tana kwance a tabarma ina kira. Yayyenta maza suka ɗauka, daga su 'ya'yan maƙwabta suka ɗauka. Mijina ya samo wa kansa hanyar tsira, ya riƙa ce mata 'yar Baba, don kada ya ɓata wa yayarsa kada kuma ya ɓata mini. Hajiya takan zo daga birni da riguna masu kyau, don ba zan ci amanarta ba, tana son yarinyar. Ta zauna ta tafa hannu ta ce, "Walida, zo wurin Hajiya." Yarinya ta ci gaba da wasanta da murfin kwano. Ta sake kira, shiru. Ta juyo ta ce, "Anya yarinyar nan tana ji kuwa?" Sai in ce daga inda nake, "Marka, je ki gaida Hajiya," ta rarrafa ta tafi. Ranar da aka fara yin haka Hajiya ba ta ci abincina ba, ta ce azumin nafila take yi, alhali na ga ta sha ruwa da ta shigo.

Kada a ɗauka ban ji jiki ba. Tsuntsun da ya ja ruwa shi ruwa kan doka. Magana ta zagaya Durba har Fammar inda dangin Inna suke, cewa wance ta zama 'yar birni, tana kiran sunan uwarta kamar na ƙawarta. A Rano kuma ana cewa baƙauyiya ce, ta ƙi wayewa. Ka ji fa, a can na yi birni da yawa, a nan na yi ƙauye da yawa. Wata ƙanwar Inna da nake ƙauna ta daina aiko mini da kuka da kuɓewa busasshiya kamar yadda ta saba. Wannan ya yi mini ciwo ƙwarai, na yi kuka a kansa ba sau ɗaya ba. Amma idan na dubi yarinyar tana tatata tana faɗuwa tana tashi, na kira ta ta waiwayo tana dariya, sai in ji ko duniya za ta taru a kaina ba zan fasa ba.

Ta fara gudu ta fara surutu, sai aka aiko cewa ƙafafun Baba sun kumbura, ba ya iya zuwa gona. Damina ta yi nisa a lokacin. Na ɗauke ta muka tafi Durba da niyyar mu duba shi mu dawo, sai ruwa ya zauna. Hanya ta yanke, mota ba ta shigowa, muka maƙale. Gidan ya yi mini faɗi. Babu warin kalwa da ake dafawa, tukwanen daddawar Inna suna kife a bayan rumbu, gansakuka ta fito musu. Gwaggo ce take zaune da Baba tun da mijinta ya rasu, kuma har lokacin ba ta huce da ni ba, gaisuwa ce kawai take haɗa mu.

Wata safiya ina madafa ina fama da jiƙaƙƙen itace, ina hurawa hayaƙi na shiga mini ido. Gwaggo tana ɗakinta tana tsintar wake. Baba yana zaune a ƙofar ɗakinsa a ƙarƙashin rumfa, ya miƙe ƙafafu a kan buhu, yana kallon ruwa. Na bar yarinyar a ɗaki tana barci, ashe ta farka ta sulale ta fito tsirara, tana taka ruwa tana murna. A tsakar gidanmu akwai rijiya mai gajeren baki, kuma da marka takan ciko har kusa da sama. Can ta nufa.

Ni ban gan ta ba, muryar Baba na fara ji. "Amarya! Dawo nan!" Na ɗauka wasansu ne da suka saba. Sai na ji ya ce, "Ke yarinya! Ke!" da wata irin murya, na ji kuma sandarsa ta faɗi, alamar yana ƙoƙarin tashi ya kasa. Na yar da maficin na yunƙura, kafin in kai bakin ƙofa na ji ya ɗaga murya yadda ban taɓa jin ya ɗaga ba.

"Marka!"

Ta tsaya cak, saura ƙiris ta kai bakin rijiyar. Ta waiwayo tana kallonsa, ruwa na bin fuskarta. Ni ma na tsaya a ƙofar madafa. Gwaggo ta leƙo da faifan wake a hannu, bakinta a buɗe.

Baba ya miƙa hannu, ya sassauta murya ya ce, "Marka, zo." Ta taho da gudu tana fantsama ruwa, ta faɗa jikinsa ta jiƙa masa riga. Ya ja gefen bargonsa ya lulluɓe ta, yana goge mata kai da tafin hannu. Na ga leɓensa yana motsi, ashe maimaitawa yake yi a hankali, shi kaɗai, kamar mai ɗanɗana abinci.

Gwaggo ta ajiye faifan. Ta ce, "Yaya, kai ma?"

Bai ko dube ta ba. Ya ce, "Matata ce. In na ga dama in kira ta." Sannan ya ce, "Waccan har ta tafi ban taɓa kiranta ta ji ba. Wannan kuwa sai ta gaji da ni."

Gwaggo ta juya ta koma ɗaki, na ji tana jan hanci. Ni kuwa na durƙushe a nan bakin madafa na yi kuka sosai, kukan da ban samu na yi ba ranar da aka fita da Inna, kuma ban ce hayaƙi ne ba. Daga baya na tashi na jawo tsohon ƙyaure na rufe bakin rijiyar na ɗora dutse.

Ruwan bai ɗauke ba sai da muka ƙara kwanaki, kuma a kwanakin nan Baba bai bar yarinyar ta huta ba. Marka zo ki ga ɗan tsako. Marka me kika ci. Marka wa ya taɓa ki in rama miki. Tun a ranar rijiyar ma, da azahar ta yi, ina kwashe tuwo na ji ya sake ɗaga murya, har maƙwabta suna ji ta kan katanga, yana cewa, "Marka, kawo mini buta in yi alwala." Na leƙa in ce mata ga ta can a bakin randa, sai na ga butar tana nan a gefen ƙafarsa, cike da ruwa.